Rajistar kasuwanci a jihohi: an buɗe ƙofa, mai lampo na laɓe bayanta

Duk wanda ya ratsa babbar kasuwar Maraɗi, ko kasuwar Dole ta Damagaram, ko ya tsaya bakin hanya a Galmi lokacin da ake lodin albasa, ya san arzikin ƙasar nan ba cikin birorin Yamai yake kwana ba. Miliyoyin sefa ke sauya hannu tsakanin hantsi da la'asar, bisa amana da shaidar dillali, ba tare da an ɗiga tawada kan takarda ba. Mafi yawan masu juya wannan dukiya doka ba ta san da zamansu ba. Ba su cikin kundin rajistar kasuwanci, ba su da lambar haraji, shagunansu ba su da wani suna in ba na mai shi ba. Duk gwamnatin da ta zo, tun daga Taron Ƙasa na 1991 har yau, sai ta koka da wannan hali, kuma bakinsu ɗaya wajen bayyana dalili: wai jahilci ne da rashin kishin ƙasa.

Mu dai ba mu yarda ba. Mutumin da ke riƙe da farashin naira da na sefa cikin kansa, wanda ya san kuɗin dakon buhu daga bakin teku har Maraɗi, da na duwan, da na goron kan hanya, ba za a ce lissafi ya ɓace masa ba don kawai an zo maganar takarda. Ya auna ne, ya ga abin da za ya samu bai kai abin da za ya rasa ba. In ana son ya sake shawara, sai a sauya abin da ke kan ma'auni.

Bari mu fara da abin da doka ta ce, domin da yawa cikin masu gudun takardar ba a taɓa fassara musu ita ba. Ranar 17 ga Oktoba 1993, a birnin Port-Louis na tsibirin Moris, wasu ƙasashen Afirka, da Nijar cikinsu, suka sa hannu kan yarjejeniyar OHADA, wadda ta haɗa dokokin kasuwancinsu wuri guda. Yau ƙasashe 17 ke cikinta. Dokar kasuwanci ta bai-ɗaya da aka amince da ita a 1997 ta fara aiki ranar 1 ga Janairu 1998, aka kuma yi mata gyara a Lome cikin Disamba 2010. Ita ce ta wajabta wa duk wanda ya riƙi saye da sayarwa sana'a ya nemi a rubuta shi cikin kundin da ake kira RCCM tun cikin watan farko na fara aikinsa. Kundin nan na hannun magatakardan kotu, wanda muka saba kira girefiye. Daga nan sai lambar haraji ta NIF, wadda hukumar lampo ke bayarwa, sannan rajista a asusun CNSS ga mai ɗaukar ma'aikata. Waɗannan ukun su ne gindin maganar.

Gaskiya ɗaya ce, a da samun su azaba ne. Sai mutum ya yi ta zarya daga kotu zuwa gidan lampo, daga nan zuwa wajen noter, kowane biro da tamburansa da ranar dawowarsa. Mai son kafa kamfani irin na SARL sai ya ajiye jarin da bai gaza miliyon 1 na sefa ba tun bai sayar da ko ƙwayar ashana ba. Wannan ya sauya, kuma wanda ya yi abin kirki sai a yaba masa. A 2012 aka kafa Maison de l'Entreprise ƙarƙashin Majalisar ƴan kasuwa, domin a tara matakan duka a taga guda. Cikin Janairu 2014, a Wagadugu, OHADA ta gyara dokar kamfanoni, ta bar wa kowace ƙasa ta yanka mafi ƙarancin jari da kanta, Nijar kuma ta rage nata ƙwarai, ta ɗauke wajabcin biya ta hannun noter ga ƙaramin kamfani. Har Bankin Duniya ya tafa mana. Cikin jerin ƙasashen da yake fitarwa kan sauƙin kasuwanci, mun taso daga matsayi na 176 a rahoton 2014 zuwa na 132 a rahoton 2020. An yi ta shelar wannan a rediyo da talabijin. Shi jerin ma bankin ya daina fitar da shi a 2021, bayan an gano an taɓa alƙaluman wasu ƙasashe, amma wannan wata magana ce.

To, tun da ƙofa ta faɗaɗa, ina taron da aka ce za ya kwararo? Je ka Katako ko Wadata, a cikin Yamai kanta, ka ƙidaya rumfunan da ke da lambar RCCM, sannan ka dawo mu yi magana.

Amsar tana maƙwabta. A Kwatano, birnin da fatakenmu suka sani ciki da bai, masu binciken Bankin Duniya sun yi wani gwaji daga 2014 kan ƙananan ƴan kasuwa wajen 3,600 marasa rajista. Rajistar kyauta ce, kuma ba ta ɗaukar lokaci. Waɗanda aka bari da kansu, ko kashi 3 cikin 100 ba su je sun yi ba. Waɗanda aka bi har shago aka yi musu bayani aka taimaka musu da takardu, adadinsu ya ƙaru da kusan kashi 10. Da aka haɗa musu da horo, da buɗe asusun banki, da mai shiga tsakaninsu da ma'aikatan lampo, ƙarin ya kai wajen kashi 16. Ma'ana, duk da lallashin nan, fiye da mutum 8 cikin 10 sun ce a kai kasuwa. Abin da ya fi ba da tsoro shi ne, waɗanda suka yi rajistar ba a ga cinikinsu ko ribarsu ta ƙaru ba a tsawon binciken. Wannan a Benin aka yi, ba a Nijar ba, amma dokar OHADA ɗaya ce, kuɗin ɗaya ne, halin kasuwa kuma bai bambanta sosai ba. Darasin a fili yake: tsadar takarda ba ita ce babbar katanga ba. Abin da ke biyo bayanta ne.

Me ke biyo baya? Ranar da mutum ya karɓi NIF, ranar ce ya zama mai suna da adireshi a littafin masu karɓa. Ma'aikacin lampo ɗan Adam ne, kuma an yanka masa adadin da za ya kawo ƙarshen wata. Ba za ya tafi farautar wanda ba a san ƙofarsa ba alhali ga wanda ya kawo kansa. Don haka duk shekarar da baitulmali ya yi ƙasa, kan ƴan tsirarun nan masu takarda ake komawa: bincike, gyaran lissafi, tara, wani sa'in har kwaɗo a ƙofar shago. Wanda cinikinsa ya girma ya shiga tsarin TVA sai ya ɗora kashi 19 cikin 100 kan kayansa, alhali maƙwabcinsa na rumfa, mai sayar da kaya iri ɗaya da suka shigo ta bayan gari, bai ɗora ko dala ba. Wa mai saye za ya nufa? Su kuwa sauran ƴan kasuwa na kallo, sun ga gemun ɗan'uwansu ya kama wuta, suna shafa wa nasu ruwa.

Kada kuma wani ya ce marar rajista ba ya biyan komai. Yana biyan tikitin kasuwa ga ma'aikatar magajin gari, yana biyan abin da har yau jama'a ke kira patanti, yana biya a duwan, yana biya a kowane shinge tsakanin Ƙwanni da Tasawa, da rasit ko ba rasit. Abin da yake tsoro shi ne rajista ta ƙara masa sabon nauyi ba tare da ta sauke masa ko ɗaya cikin tsofaffin ba. Wanda ya tuna yadda jama'a suka cika tituna saboda dokar kasafin kuɗi ta 2018 ya san maganar haraji a ƙasar nan ba ta wasa ba ce.

Akwai kuma tsohon miki. Iyayenmu sun san gwamnati ne ta fuskar lampon kai na zamanin Nasara, wanda ake ƙidaya mutum domin a karɓa daga gare shi. Bayan mulkin kai aka kafa SONARA ta riƙe cinikin gyaɗa, Copro-Niger ta riƙe shigo da kayan masarufi, mai kusanci da masu mulki shi ke samun rabo. Bankin BDRN, inda masu bin ƙa'ida suka kai ajiyarsu, ya durƙushe a 1990. Cikin Janairu 1994 aka wayi gari an karya darajar sefa da rabi. A shekarun nan ne ma'aikata suka yi watanni ba albashi, ƴan kasuwar da suka ba gwamnati kaya bashi kuma suka tsufa suna bin dosiyensu daga biro zuwa biro. Iyakar Najeriya an rufe ta a 1984, an sake rufe ta daga Agusta 2019 zuwa Disamba 2020, ga kuma takunkumin 2023. A kowane karo, wanda ya dogara da takarda da banki da babbar hanya shi ya fi jin jiki. Wanda maciji ya sara, in ya ga baƙin tsumma sai ya gudu.

Mu zo kan jihohi, inda abin ya fi yi mana ciwo. Daga Tawa zuwa Yamai tafiyar kilomita sama da 500 ce, daga Maraɗi sama da 600, daga Damagaram wajen 900, Difa kuwa ta haura 1,300. A bisa doka ba dole ba ne mutum ya taka babban birni kafin ya yi rajista, tun da akwai kotu a jiha, akwai ma'aikatar lampo, Majalisar ƴan kasuwa kuma na da rassanta. Amma taga guda ba ta da amfani ga wanda bai kai ga bakinta ba. Kafin a karɓi dosiye ana neman takardar haihuwa, ko abin da ya tsaya a madadinta, da katin ɗan ƙasa, da shaidar mazauni, da kaziye, wato takardar da ke nuna kotu ba ta taɓa ɗaure mutum ba. Dattijon da aka haifa a wani ƙauyen Dakwaro ko Magarya, lokacin da ba mai rubuta haihuwa, sai ya fara da neman shaidu ya tsaya gaban alƙali a tabbatar an haife shi. Kaziye kuma bisa al'adar kotunanmu a garin haihuwa ake fitar da shi. Gyaran 2010 ya yi sassauci a nan, ya yarda mutum ya rubuta rantsuwa cewa ba shi da laifi, ya kawo kaziyen cikin kwana 75. Mutum nawa ne aka gaya wa haka a bakin taga?

Takardun kuma duka da Faransanci suke. Alhajin da ke rubuta bashinsa da ajami cikin littafi, ba ya kuskuren ko dala, sai ya koma kamar yaron da aka kai lakwal yau, yana jiran wani ya nuna masa inda za ya sa hannu. Daga nan ne ƴan tsakiya ke cin abincinsu, masu zama ƙarƙashin itace gaban kowane biro, waɗanda ke mai da aikin jika kaɗan ya koma na jika masu yawa. Kundin da aka ƙaddamar cikin Maris 2025 ya ɗaga Hausa zuwa harshen ƙasa, ya bar Faransanci da Ingilishi matsayin harsunan aiki. Madalla. In da gaske ake, wurin farko da ya kamata a ga alamar haka shi ne takardar da mai sayar da hatsi ke cikawa domin doka ta san shi. Fassara shafi biyu ko uku ba ta buƙatar taron bita a otel.

Haka zancen shari'a. Kotun kasuwanci ta farko a Yamai aka kafa ta, ta fara aiki a 2016. Maraɗi, wadda kowa ke kira cibiyar kasuwancin ƙasa, rigimar ƴan kasuwarta na bin layi a babbar kotun gari bisa sauran nauyin da ke kanta. Mai rajista na biyan haraji domin hukuma ta tsaya masa ranar da aka cuce shi. In ranar ta zo ya ga dattawan kasuwa sun fi alƙali saurin raba gardama, me za ya gaya wa ƙanensa mai shirin buɗe shago?

Ƴan uwa ma'aikata, yanzu ga taku. Dokar OHADA ta faɗa ƙarara cewa aikin gwamnati da sana'ar kasuwanci ba su haɗuwa a hannu ɗaya, haka ma ga lauya da noter da girefiye. Kowa kuma ya san yadda ake kewaye wannan. Akwai kamfanoni masu cikakkun takardu, RCCM da NIF da shaidar biyan haraji, da sunan uwargida ko ƙane ko wani ɗan ɗaki, waɗanda ba su da shago, ba su da sito, ofishinsu cikin jaka yake. Su ke cin kwangilar teburan makaranta da buhunan shinkafa, sannan su gangara kasuwa su sayi kayan wajen mai kayan na gaskiya, wanda ba shi da takarda, su ɗora ribarsu. Ba mu ce duk ma'aikata haka suke ba, kuma mun san albashi ba ya kai wata. Sai dai muddin ɗan kasuwa na ganin rajista a matsayin rigar da masu hanya ke sawa su ci kuɗin gwamnati, ba za ya ɗauke ta da daraja ba. Ma'aikacin da ke bakin taga shi ma ya sani, kowane “dawo gobe” da ya faɗa ba dalili, mutum guda ne ya kora zuwa duhu, kuma daga harajin mutumin nan ne albashinsa za ya fito.

Duk da haka, ba za mu ce wa ƴan kasuwa su ci gaba da zama a ɓoye ba, domin ɓuyan na da tsada wadda ba a ganinta sai an makara. Doka ta ce wanda ya kamata ya yi rajista bai yi ba, ba za ya iya kafa hujja da matsayin ɗan kasuwa ba in ya zo neman haƙƙinsa, amma kuma rashin rajistar ba za ya kuɓutar da shi daga nauyin da ke kan ɗan kasuwa ba. Wato ranar biya ana ƙidaya shi, ranar karɓa ba a san shi ba. Ba ya neman kwangilar gwamnati ko ta ƙungiyoyin agaji da sunansa. Kayansa na fita duwan da lambar wani, in aka samu saɓani kayan na mai lamba ne a idon hukuma. Kundin RCCM kuma ba na sunaye ba ne kawai, a ciki ne ake rubuta jinginar dukiyar da ba ƙasa ba: kayan sito, motar ɗaukar kaya, ko shi kansa kasuwancin. Mai rajista na iya neman bashi da waɗannan ba tare da ya jinginar da gidan da iyalinsa ke kwana ba.

Babbar asarar ita ce ta gado. Bafaranshen nan mai bincike, Emmanuel Grégoire, ya rubuta littafi a 1986 kan alhazan Maraɗi, ya nuna yadda suka gina arziki bisa dangantakar ubangida da baransa, da amana, da yawan jama'a. Tsari ne mai ƙarfi, ya ɗauki kaya daga teku har Kano ba tare da sa hannun lauya ba. Rauninsa ɗaya: duka yana rataye ne a wuyan mutum guda. Kowane gari na da labarin gidan da motocinsa suka cika tasha, mai gida ya rasu, kafin shekara uku ba sauran komai. Bashin da yake bi cikin kansa yake, ya tafi da shi kabari, masu binsa kuwa sun zo tun ranar sadakar uku. An raba motoci, an sayar da sito, yaran shago sun watse. Kamfani mai rajista doka na ɗaukarsa wani mutum ne daban tun ranar da aka rubuta shi cikin kundi, da dukiyarsa da bashinsa, kuma ana iya tsara shi yadda ba za ya mutu da mutuwar mai shi ba. Magada na raba hannayen jari bisa ƙa'idar gado kamar yadda addini ya tanada, kowa ya san kasonsa, mota kuma na ci gaba da lodi. Tun dokar 1997 mutum ɗaya tak na iya kafa SARL, ba sai ya nemi abokin tarayya ba. A kamfani irin wannan, in kasuwa ta juya baya, asarar mai shi na tsayawa ne kan jarin da ya zuba, muddin bai yi ha'inci ba kuma bai tsaya wa bashin da kansa ba. Manyan ƴan kasuwar da ke da abin da za su bari, wannan kaɗai ya isa ya kai su gaban girefiye.

Ƙaramin mai tebur fa, da mai ɗinki, da mai kilishi, da matar da ke tuyar ƙuli-ƙuli? Su ma doka ba ta manta da su ba. Gyaran 2010 ya ƙirƙiro musu matsayi na musamman da ake kira entreprenant: mutum ya je ya sanar da sana'arsa kyauta, a ba shi lamba, ya riƙe ɗan littafin shiga da fita, muddin cinikinsa bai wuce iyakar da aka yanka ba. Dokar ta bar wa kowace ƙasa ta ƙara masa abin jan hankali ta fuskar haraji. Nan ne aikin mahukuntanmu yake. A ba sabon mai rajista shekara biyu ko uku ba mai taɓa shi, kuma kada a tono masa shekarun da ya yi a ɓoye, domin tsoron tonon nan shi ya fi hana mutane fitowa. Bayan haka a yanka masa haraji guda, sananne, a rubuta shi da Hausa da Zabarmanci a liƙa ƙofar kasuwa, wanda ya biya ya riƙe rasit ɗinsa ya zame masa garkuwa daga duk wani mai zuwa da littafi a hammata.

Sannan a sa wa takardar nama. Teburan makarantun jihar Tawa me ya sa ba za a ware wani kaso ga kafintocin Tawa masu rajista ba, waɗanda kowa ya san rumfarsu? Hatsin kantin makarantu da kayan ɗinkin asibitoci haka. A biya su cikin wa'adi, don ƙaramin jari ba ya jure bashin wata shida. Ranar da kafinta guda a unguwa ya samu aiki saboda lambarsa, aka kuma biya shi ba tare da ya ba kowa goro ba, sauran ba sai an kira su a rediyo ba. Gwamnonin jihohi da magadan gari na da ikon fara wannan da ɗan abin da ke hannunsu. Majalisar ƴan kasuwa kuma, wadda ke karɓar kuɗin mambobi, ta fito daga cikin ginin ta: ta ɗauki girefiye da ma'aikacin lampo da mai fassara, ta kafa tebur ranar kasuwa a Tunfafi, a Matamaye, a Gidan Rumji, yadda ake yi in za a raba katin zaɓe. Mun ga lokacin zaɓe ba ƙauyen da ya yi wa hukuma nisa.